Jirgin Joola da sunayen mutanensa

Ƙasarmu Nijar ba ta da teku, amma yaran Yamai sun san ruwa. In kun tsaya bisa gadar Kennedy da safe, za ku ga kwale-kwale cikin kogin Isa, ɗauke da mutane da kabewa. Kowane jirgi, babba ko ƙarami, yana da iyakar nauyin da zai iya ɗauka.

A ƙasar Senegal, da akwai wani babban jirgin teku mai suna Joola. An ƙera shi a Jamus a 1990, don ɗaukar mutum ƙasa da 600. Yana kai da kawowa tsakanin Ziginshor, a kudancin ƙasar, da Dakar babban birni.

Ran 26 ga Satumba 2002, Joola ya kama hanyar Dakar da mutum kusan 2000. Akwai mata ƴan kasuwa, akwai sojoji, akwai kuma ƴan makaranta da yawa, don hutu ya zo ƙarshe. Wajen ƙarfe 11 na dare, daura da ƙasar Gambiya, sai hadari ya taso da iska. Cikin ƴan mintoci jirgin ya kife. Masunta ne suka fara kai agaji da kwale-kwalensu. Masu ceto na gwamnati ba su iso ba sai washegari. Mutum 64 kaɗai suka tsira. Gwamnati ta ce 1863 suka rasu, wato sun fi waɗanda suka mutu a jirgin Titanic a 1912.

To, ƙaƙa aka yi aka ƙidaya su? Nan ne wuyar take. Da yawa sun shiga ba tikiti, kuma ƙananan yara ba a yankar musu tikiti. Saboda haka takardun jirgin ba su san da su ba. Iyalai ne suka zo, wannan da hoton ɗiyarta, wancan da sunan ƙanensa, suka ce wane yana ciki, wance ma tana ciki. Wanda ba a faɗi sunansa ba, ai sai ya ɓace sau biyu. Ƙungiyoyin iyalan suna cewa ma adadin ya wuce 1900.

Galibin gawarwakin ba a same su ba. Waɗanda aka samu an rufe su a maƙabartu huɗu, uku a Senegal, ɗaya a Gambiya, kuma kushewa da yawa ba su da suna. Jirgin kansa yana ƙarƙashin teku har yau. Iyalan ba su daina neman a ciro shi ba.

Kowace shekara, ran 26 ga Satumba, sukan taru a maƙabartun, Musulmi da Kirista, su yi addu'a. Suna zuwa da yaran da aka haifa bayan hatsarin, su nuna musu hoton kaka ko na kawu da ba su taɓa gani ba. Sun daɗe suna roƙon a gina gidan tunawa. A 2024 aka buɗe shi a Ziginshor, a bakin kogin Kazamansi.

Yau in kun koma gida, ku tambayi kakanninku sunayen iyayensu da garin da suka fito. Ku rubuta cikin littafinku, ku kawo wa malam gobe.