Barin Kyanwa A Hannun Maƙwabci

Jama'ar ƙasar Daura, wanda zai tafi Makka ko cin rani, kafin ya danƙa kyanwarsa ga maƙwabci, ya kai ta wurin malamin dabbobi a yi mata allurar rigakafin haukan kare. Gama kyanwa ma tana kamuwa, tana kuma sa wa mutum.

Kai kuma mai riƙo, ko ta yi rashin lafiya kada ka ba ta Panadol. Ƙwaya guda ta isa ta kashe ta, don hantarta ba ta iya sarrafa shi. In ta kwana biyu ba ta ci ba, sai asibitin dabbobi. In kuwa ta ciji yaro, a wanke wurin da ruwa da sabulu har minti 15, a kai shi asibiti ran nan.