Banila: Furen Da Ba Ya Wuce Wuni Ɗaya

Duk lokacin da muka sha askirim ko muka ci kek mai ƙamshin banila, kaɗan ne daga cikinmu ke tambayar inda ƙamshin ya samo asali. Tushensa wata shuka ce mai yaɗo daga dangin furannin okid, wadda masana ke kira Vanilla planifolia. Gidanta na asali shi ne dazuzzukan Meziko da Amurka ta Tsakiya masu ɗumi da yawan ruwan sama, inda mutanen Totonak suka daɗe suna nomanta.

Banila ba ta iya tsayuwa da ƙafarta. Jikin bishiya take bi ta hau, tana maƙalewa da ƙananan saiwoyin da ke tsirowa daga gaɓoɓinta. Tana son ɗumi na digiri 21 zuwa 32 a ma'aunin Salshiyos, da iska mai laima, da inuwar da hasken rana ke ɗan ratsawa. Rana mai ƙuna tana toya ganyenta, idan kuma ruwa ya kwanta a gindinta sai saiwar ta ruɓe. Shi ya sa take buƙatar ƙasa mai taushi, cike da ruɓaɓɓen ganye.

Sai ta yi kimanin shekara uku kafin ta fara fure. Furen yana buɗewa da safe, kafin yamma ya yanƙwane. Idan ba a samu barbara a wannan ɗan lokaci ba, wato garin ɓangaren namiji bai kai ga ɓangaren mace ba, furen zai faɗi ba tare da ɗa ba. A Meziko wasu irin ƙudan zuma na can ne ke wannan aiki. Da Turawa suka kai shukar tsibiran Tekun Indiya, sai ta yi yaɗo ta yi fure, amma babu 'ya'ya, domin an baro ƙwarin a gida.

Wanda ya samo hanya mai sauƙi yaro ne ɗan shekara 12, mai suna Edmond Albius, bawa a tsibirin Riyuniyon da ke hannun Faransa. A shekarar 1841 ya nuna cewa za a iya sa siririn tsinke a ɗaga 'yar fatar da ta raba ɓangarorin biyu a cikin furen, sannan a matse su da babban yatsa. Edmond ya samu 'yanci a 1848, ya kuma rasu cikin talauci a 1880, amma har yau da dabararsa ake aiki.

Madagaska, wadda ke kusa da Riyuniyon, ita ce ta fi kowace ƙasa noman banila, musamman a yankin Sambava da Antalaha. Manoma na bin furanni ɗaya bayan ɗaya da hannu. Bayan wata takwas zuwa tara a tsinke dogayen 'ya'yan, a tsoma su a ruwan zafi, a lulluɓe su da bargo, a yi ta shanya na tsawon watanni har su yi baƙi, ƙamshin ya fito. Saboda wannan wahala banila ke da tsada, kuma mafi yawan ƙamshin da muke ji a biskit da alewa na haɗin masana'anta ne.

Akwai abin damuwa. A watan Maris na 2017 guguwar Enawo ta lalata gonaki da dama a Madagaska, farashi ya yi tashin gwauron zabi, ɓarayi suka addabi manoma. A Meziko kuwa, sare dazuzzuka ya sa banilar daji ta shiga jerin tsirran da ke fuskantar barazanar ƙarewa.

Edmond bai shiga ɗakin gwaje-gwaje ba, ido ya sa ya lura da kyau. Mu ma idan damina ta zo, mu leƙa furen kabewa da sassafe, mu ga wane ƙwaro ne ke shiga yana fita.