Sulhun da ake tashi da bindiga a kafaɗa

Bidiyon taron Faskari na watan Satumbar 2025 ya zaga wayoyin mutanen Tudun Wadan Zariya, daga teburan masu shayi har rumfunan 'yan hatsi. Ado Aleru ne a ciki, mutumin da rundunar 'yan sandan Katsina ta sa ladan naira miliyan biyar a kansa a 2020. Yana zaune a tsakiyar taro, matasa na tsaye da bindigogi, jigidar harsashi ta zagaye musu ƙirji, dattawan gari kuma sun yi tsit suna sauraron sharuɗɗa. Aka yi addu'a, aka watse, masu bindiga suka koma daji da kayansu. Wannan ake kira sulhu yanzu, kuma ya bazu daga Jibiya zuwa Batsari, Safana, Ɗanmusa da sauran ƙananan hukumomin da ke bakin daji. Tsagaita wuta ce kawai, wadda mai bindiga ya ba da aro, kuma shi zai karɓe abinsa ranar da ya ga dama.

Bazazzagi yana da dalilin zuba ido. A Yunin 2021 aka shiga Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Nuhu Bamalli da daddare, aka kashe ɗalibi, aka tafi da ɗalibai da malamai. A Nuwamban shekarar aka ɗauke ma'aikatan ƙaramar hukumar Zariya 13 a hanyar Giwa, sun fita gaisuwar ta'aziyya. Dajin da aka kai su shi ne dai wanda ya haɗe Giwa da Birnin Gwari, ya ratsa ta Sabuwa da Faskari ya faɗa Zamfara. Duk yarjejeniyar da aka ƙulla a wannan dajin, ko aka warware, labarinta yana isowa Tudun Wada a cikin buhun masara da kuɗin nama, wani lokacin kuma a cikin kiran wayar da ake neman kuɗin fansa.

Ana yawan cewa gwamnatoci sun koma sulhu ne don sun gane bindiga ba ta maganin bindiga. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Tsohon gwamnan Kaduna Nasiru El-Rufa'i ya rantse ba zai yi magana da ɗan bindiga ba, kuma a zamaninsa aka kwashe ɗaliban Afaka, aka kashe biyar daga cikin na Jami'ar Greenfield, aka tare jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna ranar 28 ga Maris, 2022. Bom ɗin da jirgin soja maras matuƙi ya saki kan masu Maulidi a Tudun Biri a Disambar 2023 ya ƙara sanyaya gwiwar masu cewa a ci gaba da luguden wuta. Amma wannan bai bayyana irin sulhun da ake yi yanzu ba. Abin da ya haife shi shi ne hukuma ta janye jiki ta bar talaka da ɗan bindiga ido da ido.

Dubi yadda aka tsara abin a Katsina. Gwamna Dikko Raɗɗa yana nanata cewa gwamnatinsa ba ta zama da 'yan bindiga, amma ba za ta hana al'umma yin nasu sasancin ba. To wace ce al'ummar? Dagaci ne da limami da shugaban ƙaramar hukuma, da manomin da ya shekara biyar bai taka gonarsa ta nesa ba. Ba su da abin matsa wa kachallan 'yan bindiga lamba, ba su da ikon hukunta shi in ya saɓa. Abin da za su iya bayarwa kaɗai suke bayarwa: a buɗe wa mutanen daji kasuwa da asibiti, 'yan sa-kai su daina tare su a hanya, a sa baki a sako 'yan uwansu da ke tsare. Su kuma a bar su su yi noma, a sako waɗanda aka ɗauke. Idan abin ya yi kyau gwamnati ta ce zaman lafiya ya samu a zamaninta. Idan ya ɓaci ta ce dama ba ita ta ƙulla ba. Yarjejeniyar da babu mai tsaya mata, rayuwarta tana hannun wanda ya fi ƙarfi a cikin waɗanda suka ƙulla ta.

Ba yau aka fara ganin ƙarshen irin wannan ba. Gwamnatin Abdul'aziz Yari ta Zamfara ta sasanta da Buharin Daji a ƙarshen 2016, bai daɗe ba ya koma ruwa, har Dogo Giɗe ya kashe shi a Maris ɗin 2018. A Katsina, Aminu Bello Masari ya gwada sau biyu, a 2016 da 2019, har da hoton nan da ya tsaya kusa da mai riƙe da bindiga, kafin ya fito a 2020 ya ce sun ci amanarsa. Auwalu Daudawa, wanda ya kwashe ɗaliban Ƙanƙara sama da 300 a Disambar 2020, ya dafa Alƙur'ani a Gusau a Fabrairun 2021 ya miƙa bindigogi. Ba a yi wata uku ba ya koma daji, can kuma aka harbe shi a rikicin tsakaninsu. Abin lura a nan shi ne 'yan bindiga ba ƙungiya ɗaya ba ce mai shugaba ɗaya. Dabobi ne barkatai, kowace da kachallanta, kuma yaron da ke ƙarƙashin kachalla yana da bindigarsa da babur ɗinsa. Maigidansa ya tuba, shi bai tuba ba. Sa hannun mutum ɗaya ba ya ɗaure kowa sai shi kaɗai, shi ma sai in ya so.

Daga nan sai matsalar iyaka. Daji ɗaya ne, manufa uku. Kaduna tana sulhu da hannun gwamnati, Katsina ta bar wa ƙauyuka, Dauda Lawal na Zamfara ya ce atafau ba zai yi ba. Aleru ɗin da ke zaune lafiya a Faskari, sansaninsa yana yankin Tsafe ne a Zamfara. Mutumin da ya yi alkawarin ba zai taɓa gari kaza ba bai yi alkawarin daina sana'ar ba, ya dai canja wurin cin kasuwa. A Agustan 2025, lokacin da ƙananan hukumomin yammacin Katsina ke ta sa hannu, aka afka wa masu sallar asuba a Unguwar Mantau ta Malumfashi aka kashe gomman mutane. Garin da bai shiga sulhu ba sai ya ga ba shi da zaɓi illa ya bi sahu, kuma haka abin ke yaɗuwa. Yawan ƙananan hukumomin da suka sa hannu ba shaidar nasara ba ce, tsoro ne yake tafiya daga wannan gari zuwa na gaba.

Masu goyon bayan sulhu suna da hujja, kuma ba ƙaramar hujja ba ce. Tun da Gwamna Uba Sani ya je Birnin Gwari a ƙarshen Nuwamban 2024 ya karɓi tubabbu, ya buɗe karar shanun da ta shafe shekaru a rufe, motoci sun koma bin hanyar Kaduna zuwa Birnin Gwari, manoma sun koma gonakin da suka zama saura. Wanda ya binne ɗansa ba ya buƙatar lacca daga mazaunin Zariya. Koken Fulani ma gaskiya ne: an cinye burtali, 'yan sa-kai sun yanka mutane a kasuwa don kawai kamanninsu, kuma tun 2021 Sheikh Ahmad Gumi yake faɗar haka ana jifansa. Na yarda da duk wannan. Sai dai saukar farashin masara da ake jingina wa sulhu tana da wasu iyayen, ciki har da janye harajin shigo da hatsi da gwamnatin tarayya ta yi a 2024. Kuma har yau ba a buga sharuɗɗan yarjejeniyar Birnin Gwari kowa ya karanta ba. Gwamna ya ce ko sisi ba a biya ba, El-Rufa'i ya zargi ofishin mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro da biyan 'yan bindiga, ofishin ya musanta. Takarda ɗaya da aka fito da ita fili da ta kashe gardamar.

Masu cewa a yi musu irin afuwar Neja Delta sukan tsallake rabin labarin. Marigayi Umaru Musa 'Yar'aduwa ya ba da wa'adi ne zuwa 4 ga Oktoba, 2009, kuma sai ka miƙa makami an rubuta sunanka kafin ka shiga layin alawus na naira 65,000 a wata. Maƙwabtanmu na Nijar da suka sa hannu da 'yan tawayen Abzinawa ranar 24 ga Afrilu, 1995, sun yi haka ne da masu shiga tsakani daga Aljeriya da Burkina Faso da Faransa, aka ɗebi tsoffin mayaƙa cikin aikin damara, aka ƙone bindigogi a bainar jama'a a Agadas a 2000. Duk da wannan tanadin tawaye ya sake tashi a 2007. Namu kuwa ba rajistar sunaye, ba wa'adin ajiye makami, ba kotun da za ta saurari matar da aka kashe wa miji, ba wanda ya ce uffan kan masu kai man fetur da harsashi da labari cikin daji. Kwamitin tsohon babban sufeton 'yan sanda M.D. Abubakar ya gaya wa gwamnatin Zamfara tun 2019 cewa an biya fansar da ta haura naira biliyan uku cikin shekara takwas, ya kuma ce akwai hannun wasu masu rawani. Dokar ƙasa ma tun Janairun 2022 ta ayyana waɗannan mutane a matsayin 'yan ta'adda, ba a soke ta ba, kuma da su ne shugabannin ƙananan hukumomi ke zama a inuwa ɗaya ana ɗaukar hoto.