Kwaɗo a Naɗe: Abincin Zafin Sabha

Daga watan Yuni zuwa Agusta, lokacin da mutanen nan ke kira saif, zafin Sabha kan haura digiri 40. In iskar gibli ta taso daga kudu kuwa, ko ƙyauren shago ba ka iya taɓawa da hannu. Ga ɗaukewar wuta ta awanni. Naman da ka saya da tsada ka jefa a firji da safe, kafin magariba sai ka ga uwargida na shinshinarsa tana yamutsa fuska. Shi ya sa a gidana, nan unguwar Abdulkafi, mun daɗe da sallamar nama da rana a waɗannan watanni.

Yaranmu na yanzu komai a waya suke gani. Ta nan suka kawo mana labarin wani abincin mutanen Biyetnam: ana jiƙa wani ɗan faifai na garin shinkafa, siriri kamar takarda, a zuba masa ɗanyen ganye da 'yar taliya, a naɗe kamar tabarma, a riƙa tsomawa a miyar gyaɗa. Ba a soya shi, saɓanin burik ɗin da muke gani a teburin Larabawa da azumi. Su can har jatan lande da naman alade suke sawa, wannan kuwa ba ruwanmu da shi. Da na duba da kyau sai na ce, yo ai wannan kwaɗo ne aka yi wa riga! Ganye da gyaɗa da tsami, me ya raba shi da kwaɗon zogalen da muka tashi da shi?

Takardar shinkafar ba ita ce dole ba. Manyan ganyen latas sun wadatar. In kabeji ne, a ɓare ganyen a tsoma shi cikin ruwan zafi na minti ɗaya ya yi laushi, a shafce kaurin jijiyar tsakiya da wuƙa. Wanda ke da maƙwabta 'yan Fezzan masu gasa fitat, wannan siririyar gurasar tasu, to ya dace, don ta fi riƙe ciki.

A yanka karas da kokwamba tsaye, sirara kamar tsinken ashana. A dafa zogale a matse shi sosai. Sai albasa da ganyen na'a-na'a. Tumatir kuwa a cire ruwan cikinsa da 'ya'yan, in ba haka ba zai jiƙa naɗin ya warware a hannu. Kada a yi zarin cikawa, cokali biyu ya isa ganye ɗaya. A lanƙwaso gefe da gefe, sannan a naɗe.

Miyar tsomawar ita ce ran abin, a nan ake gane hannun mace. A daka ƙuli-ƙuli ya yi laushi, a dama da ruwa kaɗan, a matse lemun tsami ɗaya, a sa gishiri, cokalin man zaitun da ɗan harisa. Kaurinta ya zama kamar na kunu, yadda za ta kama naɗin ba ta zuba ba. Ƙuli-ƙulinmu dai sai motocin Agadas sun iso ta Gatrun, kuma ba kullum hanya ke da kyau ba. In ya yanke, a sayi soyayyar gyaɗa, wadda Libiyawa ke kira kakawiya suna zubawa a shayi, a murje ɓawon a daka. Ta fi maiƙo, don haka a rage man zaitun.

Na san akwai abokan kasuwa masu cewa ganye abincin akuya ne. Su ɗin ne za ka tarar bayan azahar sun cika ciki da makarona mai maiƙo, suna gyangyaɗi mai saye na tsaye.

Abu ɗaya ne ba na wasa da shi: wanki. Ɗanyen ganye ne, wuta ba ta taɓa shi ba, kuma gudawa a wannan zafi kan kayar da ƙaramin yaro cikin yini guda. A jiƙa latas da na'a-na'a a ruwa mai tsabta da gishiri da ɗan khal na minti 10, a ɗauraye da ruwan sha, a bari ya tsane. Kuma kada a naɗe tun safe a ajiye. Mai tafiya shago ya ɗauki ganye daban, miya daban, ya naɗe abinsa lokacin da zai ci.