Tsakanin Zaure da Aji: Littattafan Imani da Hankali da Matasanmu Ba Su Gani Ba

Ɗalibin da ya tashi daga Augie ya shiga Kwalejin Ilimi ta Adamu Augie da ke Argungu, ko Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, yakan zauna da karatu iri biyu waɗanda ba su cika gaisawa ba. Da asuba yana gaban malamin zaure, da hantsi yana aji ana koya masa cewa kowace magana sai an gwada ta kafin a karɓa, da dare kuma waya ta kawo masa masu cewa addini da hankali ba sa zama inuwa ɗaya. Idan ya yi tambaya a gida, sau da yawa tsawa yake sha. Ra'ayina shi ne wannan tsawar ba gadonmu ba ce, kuma littattafan malaman ƙasar nan su ne shaida.

A duba abin da ake karantawa a zaure tun da daɗewa. Ummul Barahin ta Imam Sanusi, wanda ya rasu a 1490, tana farawa ne da hukuncin hankali guda uku, wato wajibi da mustahili da ja'izi, sannan ta kafa hujja a kan samuwar Mahalicci. Shi kuma Abdurrahman al-Akhdari, mai littafin Ahalari da yara ke koyon tsarki da salla da shi, shi ne ya wallafa Sullam a ilimin manɗiƙi, wato ƙa'idojin tunani madaidaici. Shehu Magili, wanda ya zauna Kano a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, ya yi musayar baitoci da Imam Suyuɗi na Masar a kan wannan ilimi: Suyuɗi na haramta shi, Magili na kare shi. Ashe muhawarar ta fi shekara 500 da isowa ƙasar Hausa.

Wanda ya fi cancanta a tsaya a kansa shi ne Abdulƙadir ɗan Tafa, jikan Shehu Usmanu ta wajen 'yarsa Khadija, wanda aka haifa a 1804 ya rasu a 1864, ya kuma yi zamansa a Salame. Yana ɗan shekara ashirin da 'yan kai ya rubuta al-Futuhat ar-Rabbaniyya, inda ya ɗauko ra'ayin masu cewa babu komai sai abin da ake gani da taɓawa, da masu jingina komai ga ɗabi'a, ya auna maganarsu a kan ruhi da ƙarewar duniya. Abin lura shi ne saurayi ne ya yi wannan aiki, a cikin gidan Shehu, kuma bai zubar masa da daraja ba. Baturen Jamus Heinrich Barth, wanda ya ratsa Sakkwato da Gwandu a 1853, ya ambace shi cikin mafiya ilimin da ya tarar. Shi ma Malam Abdullahi na Gwandu, mai tafsirin Liya'ut Ta'awili, ya bar al-Bahrul Muhiɗ a nahawu, don ya san nassi ba ya fahimtuwa sai da kayan aiki.

Akwai masu cewa ilimin kalami da manɗiƙi baƙi ne daga Girka, magabata na farko ba su san su ba, kuma sun ɓatar da mutane da dama. Maganar tana da tushe, manyan malamai sun faɗe ta. Sai dai Ibnu Taimiyya, wanda aka fi kafa hujja da shi, bai yi raddi ga masu manɗiƙi ba sai da ya karance su ciki da bai, kuma babban littafinsa Dar'u Ta'arulil Aƙli wan Naƙli an gina shi ne a kan cewa lafiyayyen hankali ba ya karo da ingantaccen nassi. Imam Gazali, da ya soki masana falsafa a Tahafutul Falasifa, shi ne kuma ya yi gargaɗi a al-Munƙiz cewa mai ƙaryata lissafin husufin rana da wata da sunan kare addini cutar da addinin yake yi. Shehu Usmanu ya ja layi ta ɗaya ɓangaren: ya yi tir da ɗaliban da ke kafirta talakawa don ba su iya jero hujjojin tauhidi ba. Manomin shinkafa a fadamar Augie imaninsa ya inganta ba tare da Sullam ba. Ɗansa da shubuha ta riga ta shiga kunnensa kuwa, shi yana bukatar amsa.

Wata suka ta fi wannan nauyi, wato tsofaffin littattafai ba su san tambayoyin yau ba. Gaskiya ne. Ra'ayin raba addini da mulki ya tsiro ne a Turai bayan yaƙe-yaƙen ɗarikun Kirista irin na 1618 zuwa 1648, Faransa ta mayar da shi doka a 1905, mu kuma muna jayayya a kansa tun taron tsara tsarin mulki na 1978, har zuwa sashe na 10 na tsarin mulkin 1999 da ya hana gwamnati ɗaukar wani addini a matsayin addinin ƙasa. Ɗan Tafa bai ga wannan ba. Don haka dole a haɗa da littattafan zamani, irin Islam and Secularism na Naquib al-Attas na 1978, da A Secular Age na Charles Taylor na 2007, har da na waɗanda ba su yarda da addini ba, a karanta su da adalci gaban malami masani. Abin da za a gada daga magabata shi ne hanyarsu: ka fahimci maganar abokin jayayya yadda shi zai yarda ka fahimce ta, sannan ka amsa.

Cikas ɗin shi ne harshe. Tsofaffin littattafan suna cikin Larabci mai zurfi, wasu har yau rubutun hannu ne, na zamani kuma suna cikin Turanci mai tsada. Ina kira ga sassan Larabci da na Hausa a Argungu da Birnin Kebbi, tare da masarautun Gwandu da Argungu, su ɗauki nauyin fassara waɗannan littattafai zuwa Hausa da sharhi mai sauƙi, su fara da na ɗan Tafa, a kuma kai kwafi makarantun sakandare da na Islamiyya har Augie.