Itatuwan Kudancin Katsina a Cikin Littattafai: Abin da Aka Taskace da Abin da Ya Kuɓuce

Duk wanda ya buɗe littafin ilimin tsirrai yana neman itacen da ya fi yawa a dazuzzukan da suka taso daga Sabuwa da Faskari suka miƙa Birnin Gwari, zai tarar an rubuta sunansa da Latinanci Isoberlinia doka. Kalma ta biyu Hausa ce tsantsa, doka, sunan da manomi da mafarauci suke kiran itacen da shi tun kafin Bature ya gan shi. A ɗaya gefen kuma, hano, wanda wasu suke kira ararraɓi, ya shiga littattafai da sunan Boswellia dalzielii, wato an laƙaba masa sunan wani likita ɗan Sikotlan, John McEwen Dalziel. Ɗorawa ita ma tana ɗauke da sunan Mungo Park a cikin Parkia, har ma an daɗe ana kiran wadda take ƙasar Hausa Parkia clappertoniana, don tunawa da Clapperton wanda ya rasu kusa da Sakkwato a 1827. Waɗannan sunaye sun isa su nuna yadda ilimin itatuwan ƙasar Hausa ya shiga takarda: Bahaushe ya nuna itace ya faɗi suna da amfani, baƙo ya rubuta da harshensa, littafin kuma ya tafi inda mai nunawar ba zai karanta shi ba.

Dalziel ya zo Nijeriya ta Arewa a 1905 a matsayin likitan gwamnati, ya yi aiki a wurare irin su Katagum da Sakkwato, yana tara ganye da fure yana aikawa lambun Kew da ke Landan. A 1916 ya fitar da A Hausa Botanical Vocabulary, ƙaramin littafi da ya jera sunayen tsirrai na Hausa bisa tsarin abacada, kowanne da takwaransa na Latinanci da ɗan bayanin amfaninsa. Daga baya shi da John Hutchinson suka rubuta Flora of West Tropical Africa tsakanin 1927 da 1936, sannan a 1937 ya biyo da The Useful Plants of West Tropical Africa, wanda H. M. Burkill ya sabunta ya faɗaɗa zuwa juzu'i shida daga 1985 zuwa 2004. Ƙamusun Bargery na 1934 shi ma ya cika da sunayen itatuwa. A ɓangaren ma'aikatan gandun daji akwai Nigerian Trees na Keay da Onochie da Stanfield, wanda Keay ya sake fitarwa a 1989 da sunan Trees of Nigeria, da jerin sunayen Hausa da Z. O. Gbile ya shirya wa Cibiyar Binciken Gandun Daji ta Ibadan a 1980, da kuma tarin da Roger Blench ya haɗa daga baya.

Babu mai musun darajar waɗannan ayyuka. Amma manazarcin Hausa zai lura da wasu matsaloli da masanin tsirrai ba lalle su dame shi ba. Littafin 1916 ya riga haruffa masu lanƙwasa shiga rubutun boko, domin sai a shekarun 1930 suka zauna. Ga kuma rashin nuna karin sauti da tsawon wasali a rubutun yau da kullum, wanda ya sa kuka ta miya da kukan hawaye suke fitowa da kama ɗaya, haka ma dokar daji da dokar hukuma. Wanda ya kwafi suna daga tsohon jeri ba tare da ya ji shi a bakin mai harshe ba, yana iya yaɗa kuskure tsawon shekaru, kuma jerin baya yakan gaji kurakuran na gaba. Sai batun karin harshe. Itacen da Bakano yake kira darbejiya, wani ya ce dogon yaro, Bakatsine kan ce bedi. Jerin da ya zaɓi suna ɗaya ya bar sauran ya yi wa masu sauran hukunci ba tare da ya sani ba.

Babban giɓin dai yana wajen abin da ake kira amfani. Littafin tsirrai zai ce ana yin daddawa da ƙwayar ɗorawa, ya wuce. A ƙauyukan kudancin Katsina wannan jimla guda tana ƙunshe da aikin makonni: a sauke 'ya'yan a ƙarshen rani, a raba garin da yara suke sha daga kalwa, a dafa kalwar tsawon yini, a surfe, a wanke, a sake dafawa, a rufe ta kwanaki har ta ruɓa yadda ake so, a daka a mulmula. Ɓawon ma ba a zubar da shi, da shi ake haɗa makuba ta daɓe da shafen gini. Kusan duk wannan aikin mata ne, kuma kuɗinsa nasu ne. Haka man kaɗe da ake fitarwa daga kaɗanya. Maƙeri yana neman gawayin ƙirya saboda zafin wutarsa da daɗewarta, masassaƙi yana son ta don turmi da taɓarya, majemi bai iya aiki sai da bagaruwa, almajiri kuma allonsa galibi na aduwa ne. Kowace sana'a tana da nata ƙamusun, da kalmomin da suke bambanta ɗanyen itace da busasshe, sassaƙe da saiwa, da lokacin da ya dace a ɗiba. Wannan shi ne abin da jeri ba ya ɗauka, kuma a nan ne aikin ɗalibin harshe yake.

Waɗanda suka fi kusantar wannan fage masana halayyar al'umma ne. Polly Hill, a Rural Hausa na 1972 wanda ta rubuta kan Batagarawa, ta kula da itatuwan gona a matsayin dukiya. Lewis Wall, wanda ya zauna a wani ƙauye kusa da Malumfashi, maƙwabciyar Ƙanƙara, ya fitar da Hausa Medicine a 1988, inda ya bi yadda Bahaushe yake fahimtar ciwo da magani. Greenberg kuma, a littafinsa na 1946 kan Maguzawan ƙasar Kano, ya yi bayanin iskokin da ake ɗauka suna zama a itatuwa. Wannan imani tsoho ne ƙwarai: Tarihin Kano ya kawo labarin itacen Tsumburbura da Barbushe yake kula da shi, da yadda aka sare shi bayan Musulunci ya kafu. Har yau akwai mutanen da ba sa son zama ƙarƙashin tsamiya ko kuka da tsakar rana. Ko mene ne ra'ayin mai karatu game da wannan tsoro, ya hana gatari taɓa manyan itatuwa da yawa.

Duk waɗannan da Ingilishi aka rubuta su. Sun zama inuwar giginya, na nesa ka sha sanyi. Da Hausa, fitaccen abin da ake iya nunawa shi ne Ikon Allah na Rupert East da Abubakar Imam, wanda ya fito a Zariya a 1949 yana bayanin halittu ga ɗalibai. Littafi ne na halitta gaba ɗaya, ba na itatuwa kaɗai ba, amma ya tabbatar da cewa Hausa tana iya ɗaukar bayanin kimiyya ba tare da ta yi tuntuɓe ba. Bayan shi, mafi yawan abin da aka rubuta da Hausa kan tsirrai yana cikin kundayen digiri na sassan Hausa a jami'o'in Zariya da Kano da Sakkwato da Katsina, waɗanda ba kasafai suke fita daga ɗakin karatu ba.

Abin da ya sa batun ya zama na gaggawa a Sabuwa da Faskari da Ƙanƙara sananne ne. Dajin da ya haɗa su da Zamfara da Birnin Gwari ya zama mafakar 'yan bindiga. Bayan sace ɗalibai fiye da 300 daga makarantar sakandaren kimiyya ta Ƙanƙara a Disambar 2020, kalmar daji ta ƙara nauyi a kunnen mutanen yankin. A shekarar ce kuma gwamnatin tarayya ta amince a mayar da gandun Kogo na ƙasar Faskari ɗaya daga sababbin gandayen ƙasa guda goma, alhali shigarsa ta gagari talaka. Ilimin itace ba a aji ake koyonsa ba. Yaro yana bin mahaifinsa gona ko kiwo, yarinya tana bin uwarta tsintar kaɗe, a hanya ake cewa wannan taura ce, wannan tsada, wancan maje, kada ka ƙona wannan. Iyalin da suka yi gudun hijira zuwa Funtuwa sun tsira da rayukansu, amma 'ya'yansu za su tashi suna jin sunan kawo da marke ba tare da sun iya nuna su ba. Su kansu itatuwan suna raguwa. Buƙatar gawayi a birane tana cin ƙirya da marke, madobiya kuwa sarar da aka yi mata a Afirka ta Yamma don kasuwar katakon Sin ta kai ga sanya ta cikin jerin itatuwan da yarjejeniyar CITES take taƙaita cinikinsu tun 2017.

A Maraɗi an ga wata hanya. Tun 1983 Tony Rinaudo da manoman yankin suka koma ga kututturen da suke tohowa a gona, suna rage rassa suna barin 'yan ƙalilan masu ƙarfi su girma, maimakon dogaro da dashen da fari yake kashewa. Ƙiyasin da aka fi ambatawa shi ne hekta miliyan 5 a kudancin Nijar. Dabarar ta dogara ne kan manomin da ya san toho tun yana ɗan tsiro, ya san gawo yana zubar da ganye da damina don haka ba ya tare wa gero rana, ya san kalgo da sabara da abin da kowannensu yake yi wa ƙasa.

Littafin da kudancin Katsina yake buƙata zai fara ne daga sunan Hausa, da karin sautinsa da sauran sunayensa na yanki, ya kawo hoton ganye da ɓawo da 'ya'ya, ya biyo da kalmomin maƙera da masu daddawa da masu magani, da karin magana da kirarin da suka rataya ga itacen, sannan sunan Latinanci ya zo a ƙarshe don mai son kwatantawa da Burkill. Tattara shi ba ya buƙatar shiga daji a yanzu. Tsofaffin mafarauta da masassaƙa da matan da suka yi shekaru suna dafa kalwa suna zaune a Funtuwa da Ɗandume da cikin garin Sabuwa, kuma yawancinsu sun haura shekara sittin.