Umaru Ganda: Ɗan dakon da ya karɓi kyamara ya faɗi labarinsa da bakinsa

Duk lokacin da aka zauna maganar tarihin fim a wannan yanki namu, akasari daga Kano ake farawa, daga Turmin Danya na shekarar 1990. Wanda ya ɗan zurfafa zai ambaci Shaihu Umar, wanda marigayi Adamu Halilu ya shirya a 1976. To amma mai karatu, shekara 4 kafin Shaihu Umar, wani maƙwabcinmu daga Yamai ya riga ya ɗauki babbar kyautar fim ta nahiyar Afirka baki ɗaya, kuma shi ne mutum na farko da ya taɓa ɗaukar ta. Sunansa Umaru Ganda, ko Oumarou Ganda kamar yadda ake rubutawa a Nijar. Dalilin da ya sa na ga ya dace mu waiwaye shi a wannan fili shi ne, rayuwarsa ta amsa wata tambaya da har yau ba mu gama amsawa ba: wa ke da hakkin ba da labarinmu, kuma ta wace hanya labarin zai isa ga masu shi?

An haifi Umaru Ganda a Yamai a 1935, Bazabarme ne. Karatunsa na boko bai wuce firamare ba. Yana ɗan shekara 16 ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indocina, wato yankin Biyetnam da maƙwabtanta, inda Faransa ke fafutukar riƙe mulkin mallakarta, har ta sha kashi a Dien Bien Phu a 1954. Yaro ne talaka daga ƙasar da aka mallake, aka ba shi bindiga ya je ya hana wasu talakawan ƙwatar 'yancinsu. Mu a nan ba baƙi ba ne ga irin wannan labari, domin kakanninmu 'yan Bama sun ga makamancinsa a ƙarƙashin Ingila lokacin yaƙin duniya na biyu. Da Umaru ya dawo gida bai sami aikin yi ba, sai ya bi sahun dubban 'yan Nijar masu tafiya ci-rani bakin teku. Ya sauka a Abijan ta ƙasar Kodebuwa, ya zama ɗan dako a tashar jiragen ruwa.

A can ne ya gamu da Jean Rouch, wani Bafaranshe masanin al'adun al'umma, wanda ke bincike a kan 'yan ci-ranin Nijar. Da farko ya ɗauke shi aikin tattara bayanai, daga baya ya sa shi a gaban kyamara. Abin da ya fito daga wannan haɗuwa shi ne fim ɗin Moi, un noir na 1958, ma'ana "Ni, baƙar fata", wanda ya bi rayuwar wasu samari 'yan ci-rani a unguwar Treichville. Wasunsu sun ari sunayen taurarin fim na Turai ko Amurka. Umaru ya zama Edward G. Robinson. An ɗauki hotunan ne ba tare da murya ba, sai daga baya aka zaunar da Umaru yana kallon kansa a majigi yana magana a kai, yana faɗin abin da ya zo masa a rai: yunwa, kuɗin da ba ya kai ƙarshen mako, burin zama zakaran dambe, da abin da ya gani a fagen yaƙi. Wannan murya tasa ita ce ran fim ɗin. Fim ɗin ya ci kyautar Louis Delluc a Faransa, kuma matasan daraktocin ƙasar irin su Jean-Luc Godard sun yabe shi matuƙa, sun kuma ɗauki darasi daga salonsa.

Sai dai fa sunan da ya shiga littattafan tarihin fim a matsayin mai fim ɗin na Rouch ne. Rayuwar ta Umaru ce, muryar tasa ce, amma wanda ya zaɓi abin da za a nuna da abin da za a yanke wani ne daban. A 1965 Usman Sembene na Senegal ya faɗa wa Rouch ido da ido cewa shi da ire-irensa suna kallon 'yan Afirka ne kamar yadda mai bincike ke kallon ƙwari. Ni a ganina maganar ta yi tsauri, domin Rouch ya buɗe wa 'yan Nijar da dama ƙofar wannan sana'a, kuma adalci ne a faɗi haka. Amma akwai gaskiya a cikinta: komai kyawun niyyar baƙo, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Umaru ya koma Yamai, ya shiga ƙungiyar masu sha'awar fim da ke Cibiyar Al'adu ta Faransa da Nijar, inda ya koyi riƙon kyamara da tsara labari da haɗa hoto. A 1968 ya rubuta labarin fim ɗinsa na farko, Cabascabo, ya ba da umarni, kuma shi ya fito a matsayin jarumin. Fim ne na minti 45, mai hoto baƙi da fari. Labarin wani tsohon soja ne da ya dawo daga Indocina da 'yan kuɗinsa, aka tarbe shi da kiɗa da kirari, abokai da maroƙa da 'yan mata suka yi masa caa. Da aljihu ya bushe kowa ya watse. Ya nemi aikin da ya dace da tsohon soja bai samu ba, ya koma leburanci, aka wulaƙanta shi, daga ƙarshe ya saɓa gatari ya nufi ƙauye don ya nemi abincinsa a ƙasa. Abin da ya taɓo a gurguje cikin fim ɗin Rouch, a nan ya baje shi yadda shi ya ga dama, da yaren gida, ba tare da neman a tausaya masa ba. Bai wanke jarumin nasa ba: almubazzaranci da son a yabe shi suna cikin abin da ya kai shi ƙasa. A 1969 aka nuna fim ɗin a bikin Cannes na Faransa, ya kuma sami lambar yabo a Mosko. Lalle waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi.

Da ya gama da labarin kansa sai ya juya kyamarar ga al'ummarsa, kuma a nan ne jarumtarsa ta fi bayyana. Fim ɗinsa na biyu, Le Wazzou polygame, labarin wani attajiri ne da ya dawo daga aikin Hajji, ya ƙyalla ido a kan wata yarinya da aka riga aka yi wa baiko da wani saurayi. Iyaye suka ga kuɗi da laƙabin Alhaji, suka aurar da ita ta zama ta uku ba da son ranta ba. Kishi ya kai ɗaya daga cikin matan gidan ga yunƙurin kashe amarya, aka yi kuskure wata yarinya cikin ƙawayen amarya ta rasa ranta. Wasu kan ɗauki fim ɗin a matsayin suka ga auren mace fiye da ɗaya. Ni ban fahimce shi haka ba. Abin da ya tona shi ne auren dole, da cin amanar alkawari, da yadda ake fakewa da rigar addini a biya buƙatar son zuciya, kuma duk waɗannan abubuwa ne da malamanmu na ƙwarai suka daɗe suna wa'azi a kansu. A 1972, shekarar da bikin FESPACO na Wagadugu ya fara ba da babbar kyautarsa ta Dokin Yennenga, wannan fim ne ya ɗauke ta. Sai bayan shekara 35, a 2007, ɗan Nijeriya ya fara cin wannan kyauta, wato Newton Aduaka da fim ɗinsa Ezra. Ita kuwa Nijar, har zuwa bikin 2025 ba ta sake ɗaukar ta ba.

Fim na uku, Saitane, wato Shaiɗan, ya fi na baya zafi: wani boka ne mai rigar malanta da ke yi wa wani mai kuɗi kawalcin matar aure, kuma Umaru da kansa ya hau wannan matsayi mara farin jini. Na ƙarshe, L'Exilé na 1980, daga tatsuniya ya ɗauko shi, a kan nauyin maganar da mutum ya furta, wadda a da ake biyan ta ko da rai ne. A zamanin da alkawarin shugabanni ya zama abin dariya, ba sai an fassara wa kowa inda aka dosa ba.

To, ga inda gizo ke saƙa. Duk da waɗannan lambobin yabo, talakan da Umaru ya yi fim dominsa bai cika samun ganin fim ɗin ba. A wancan zamani kamfanoni biyu na Faransawa, COMACICO da SECMA, su ke riƙe da rarraba fina-finai da yawancin gidajen silima a ƙasashen Afirka rainon Faransa, kuma abin da ke kawo musu riba shi ne tsofaffin fina-finan kaboyi da na Indiya da suke samu da araha. Mai shirya fim na gida ba shi da babban kamfani a bayansa, ba shi da ɗakin wanke fim a ƙasarsa. Sai an kai Faris a wanke, a haɗa. Tallafin da ke samuwa yawanci daga Ma'aikatar Haɗin Gwiwa ta Faransa yake fitowa, ita kuma takan sayi hakkin nuna fim ɗin kyauta a cibiyoyin al'adu da makarantu, inda 'yan boko ƙalilan ne ke zuwa. Ƙasar Upper Volta, wato Burkina Faso ta yau, ta ga wannan tarko tun da wuri, ta ƙwace gidajen silimarta a 1970. Inda ba a yi haka ba, fim ba ya mayar da kuɗinsa, balle ya haifi na gaba. Wannan na cikin abin da ya sa tsakanin Saitane da L'Exilé aka yi shekaru Umaru bai fitar da wani babban fim na labari ba. Ya ƙwaci 'yancin faɗin maganarsa, amma hanyar kai ta kasuwa tana hannun wasu, kuma kayan aro ba ya rufe katara.

Umaru Ganda ya rasu ranar 1 ga Janairu, 1981, bai cika shekara 50 ba. An sa wa babbar cibiyar al'adu ta Yamai sunansa, FESPACO kuma ta ware kyauta da sunansa ga daraktan da ya fi fice a fim ɗinsa na farko. Amma wanda ke son sanin abin da ya sami sana'ar bayansa, ya nemi fim ɗin Al'lèèssi na Rahmatou Keïta, wanda ya bi rayuwar Zalika Souley, tauraruwar da ta fito a fina-finan Umaru. Matar da ta wakilci ƙasarta a bukukuwan duniya, ga ta a tsufanta tana fama da talauci a Yamai. Ta rasu a 2021.

Idan aka dubi masana'antar fim ta Kano, za a ga kishiyar matsalar Umaru. 'Yan fim ɗinmu sun sami abin da shi ya rasa: 'yan kallo miliyoyi, daga Kano har Damagaram da Maraɗi da zangunan Ghana, a da ta kaset da faifai, yau ta tashoshin talabijin da YouTube. Abin da nake tambaya shi ne, labarin wa ake ba su? Nawa ne cikin fina-finanmu suka dubi tsohon sojan da ya dawo daga fagen daga, ko ɗan ci-ranin da ke dako a Legas, ko manomin da ya bar gonarsa saboda 'yan bindiga, da irin idon da Umaru ya dubi Cabascabo? Sa'annan wa ke adana abin da aka riga aka yi? Shaihu Umar kansa an daɗe ana zaton ya ɓata, sai a 2016 aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar Fim ta Nijeriya, aka gyara shi da taimakon wata cibiya ta Jamus, aka nuna shi a bikin fim na Balin a 2018.

Don haka ina kira ga sassan koyar da wasan kwaikwayo da aikin jarida na jami'o'inmu, musamman na Zariya da Kano da Sakkwato, su nemo fina-finan Umaru Ganda, a fassara su da Hausa, a nuna wa ɗalibai da 'yan fim. Attajiranmu da ma'aikatanmu masu hali, waɗanda ba sa gajiya da kukan cewa fim na ɓata tarbiyya, su sani cewa fim mai ma'ana kuɗi yake ci, kuma wanda ya biya shi ke zaɓar labari. In ba mu biya ba, wani zai biya, ya faɗi namu yadda ya ga dama.

Allah Ya jiƙan Umaru Ganda, Ya gafarta masa kurakuransa, amin.